Ɗan Gwaggo, Wa Ya Cire Gangata Daga Ruwan Shuka?

Assalamu alaikum wa rahmatullahi, Isiya ɗan Gwaggo Hajo.

Bayan gaisuwa irin ta addinin Musulunci, ina fatan kana kwance lafiya, ƙasa ba ta matse ka ba. Ni ne Tanko, taubashinka kuma makaɗinka, daga Doha ta ƙasar Ƙatar. Na san wasiƙa ba ta isa inda kake. A shafin 'yan garinmu zan saka ta, waɗanda suka iya karatu su karanta wa waɗanda ba su iya ba. Wanda ya ga harafi ya karkace ya yi haƙuri. Ban taɓa zama a aji ba, a jikin motoci da allunan hanya na tsinci bokon nan, da yatsa ɗaya kuma nake dannawa.

Ƙorafina ɗaya ne, ka kuwa san shi, don ba yau na fara kawo maka ba. Shekara ashirin da ɗoriya ina ɗauke da shi. Wa ya cire gangata daga kaset ɗinka na Ruwan Shuka? Da saninka aka cire, ko bayan idonka aka yi?

Bari in tuna maka yadda muke, ba don ka manta ba, sai don yaran da za su leƙa wasiƙar nan. Kai mawaƙin noma ne, ni mai gangar noma. In an kira gayya a gonar wani, tun rana ba ta yi zafi ba muna bayan manoma, kai kana waƙa, ni ina rataye da ganga muna bin huɗa. Kowane manomi na kirki yana da takensa, wato kiɗan da yake nasa shi kaɗai, wani ma na ubansa ya gada. Kai za ka kira sunan mutum, ni in amsa da takensa a ganga. Na Sarkin Noma Jatau mai nauyi ne, a ƙasa yake tafiya kamar sa ya ƙoshi. Na Bawa na Kwari kuwa gaggawa gare shi, ya yi kamar zai faɗi sai ya miƙe. Ka sha gani da idonka: mutum ya gaji har ya dafa ƙugu, ya ji takensa, sai ya tofa yawu a hannu ya sunkuya da garma, ba ya ɗagowa sai ƙarshen gona.

Ba ka taɓa gaya mini wanda za ka kira ba. Kafaɗarka nake kallo. In ta ɗaga ta hagu na san suna na zuwa, in ka juya wuya na san ko wane ne.

Sai Nasiru mai situdiyo ya zo daga Kano bikin wani abokinsa, ya ji mu, ya liƙe maka. Ya ce wannan murya bai kamata ta ƙare a gona ba. Ni tun a lokacin ban so takalminsa ba, mai tsini ne, amma ka ce mini, “Tanko, da takalminsa za mu yi waƙar?” Muka hau mota.

Ka tuna ɗakin. Ba taga, bango duk an manna masa soso kamar katifa. Aka sa ka cikin wani akurki na gilashi, ni aka bar ni a waje da abin kunne yana matse mini kai. Ban yi gardama ba, kai shaida ne. Na ce dai a juya kujerar yadda zan ga kafaɗarka ta cikin gilashin, aka juya. Kwana biyu muna yi. Waƙa bayan waƙa kana kiran manoman ƙasarmu, rayayyu da waɗanda suka riga mu, ina ba kowa takensa. Da aka gama Nasiru ya mayar mana muka saurara. Ranar na fara jin hannuna daga waje, ban taɓa sanin haka gangata take a kunnen mutane ba. Ka dafa ni kana dariya ka ce, “Shi ke nan, bawan gidanmu ya shiga kwalba, ko ya mutu ba za a huta da shi ba.”

Na ji da kunnena, Isiya. Gangar tana ciki. Kada wani ya ce mini ba ta ɗauku ba.

Ranar da kaset ya iso garinmu ranar kasuwa ce. Mai sayar da kaset ya ɗaura lasifika a kan rumfa, ga hotonka a kwali da sabuwar hula da garma a kafaɗa, kai da rabonka da riƙe garma tun kana saurayi. Mutane suka taru har masu awo suka bar buhunansu. Ni ina tsaye a gaba da wankakkiyar riga. Muryarka ta fito tas, ba abin da ya same ta. Ka ce, “Tanko, gaishe mini da Jatau.” Sai wani abu ya amsa, kwas-kwas-kwas, kamar ana kaɗa gwangwanin madara da cokali, ga fiyano yana kuka a bayansa. Ka kira Bawa, abin nan ya sake yin kwas-kwas ɗinsa. Ka kira Mati, haka. Kowa da kowa kiɗa ɗaya, sarkin noma da wanda bai fi kadada guda ba.

Sun cire gangar, sun bar sunana. Wannan ne abin da ya fi ci mini rai. Da sun share sunan ma, da na ce ba da ni aka yi ba.

Sarkin Noma Jatau yana riƙe da kaset a hannu, ya riga ya ciro kuɗinsa. Ya saurara har waƙar ta ƙare, sannan ya ajiye shi a hankali kan tebur ya ce, “An kira ni, na waiwaya, ban ga kowa ba.” Ya saɓa sandarsa ya tafi. Wanda duk ya san noma a wurin ya bi bayansa.

Ka san yadda cinikin ya kasance, amma ba ka taɓa yarda mun zauna mun faɗe shi da baki ba, to yau zan faɗa. Ƙauye bai saya ba, don an kira mutane ba a gaishe su ba. Birni ma bai saya ba. An ce wai 'yan kasuwar kaset ne suka ce ganga tana cika kunne, samari ba sa so, sai an sa fiyano kaya za su fita. To an sa. Samarin suka ji ana maganar gero da taki da ciwon baya, suka ce waƙar ƙauyawa ce, suka wuce. Katan-katan aka dawo da su. Na ga Ruwan Shuka a baro a bakin tasha, ana sayar da shi a farashin kaset marar komai, mutane na saye su toshe ramin da salatif su ɗauki wa'azi a kai. Ragowar aka jibge maka a ƙarƙashin gado. Daga baya yaran gidanka suka riƙa zare zaren suna ɗaurawa a gonar dawa, iska na kaɗa shi yana walƙiya, tsuntsaye na gudu. Iyakar aikin da kaset ɗin ya yi wa noma ke nan.

Na tambaye ka. Kada a ce ban tambaya ba. Na same ka a zaure, ka ce, “Tanko, ka ci abinci kuwa?” Na tare ka a hanyar masallaci, ka ce in bari sai an yi girbi. Aka yi girbi, aka kai amfani rumbu, na dawo, ka mayar da abin wasan taubasai, wai ni da na samu injin yana yi mini aiki ina kwance, me nake nema kuma. Kowa ya yi dariya. Ni ban yi ba. Na je Kano da kuɗin motata, Nasiru ya bar ni a benci har la'asar, ya aiko a ce mini ya fita ta baya.

Shi ne na rataye gangar a ɗakin Inna na bi motar wani ɗan garinmu ina yaron mota, da furfura ta fara fito mini a gemu. Masu cewa na cika riƙo su yi ta faɗa. Ni na san ba zan tsaya a bayanka a gona ba, ina kallon kafaɗar mutumin da ya ƙi kallon idona.

Daga yaron mota na zama direba, daga nan wani ejan ya kawo ni nan. Ina gidan wani Balarabe a Mu'aizir, shi ne kafil ɗina, wato wanda zamana a ƙasar yake hannunsa. Ɗakina yana jikin ƙofar gida. In kai yara makaranta, in kai uwargida kanti, in jira a mota da na'urar sanyi a kunne, don zafin garin nan ba irin namu ba ne, shi ba ya tausayin tsoho. Ba su da laifi, suna biyana, suna ce mini Hajji. Ba wanda ya san na taɓa riƙe gula. Ƙasa ce da ba a jiran ruwan sama, Isiya. In ya sauko ma, yara ne ke fita ɗaukar hoto. Na ce to madalla, na zo inda ba abin da zai tuna mini da kai.

Ashe ba ka gama da ni ba.

Ranar Juma'a nake hutu. In an sauko masallaci nakan je Asian Town, wata kasuwa ta ma'aikata baƙi, inda 'yan Arewa masu gadi da direbobi ke haɗuwa a sha shayin karak a ji labarin gida. Ina zaune bara, bayan rasuwarka da 'yan watanni, sai na ji muryarka daga wayar wani mai gadi. Ba duka waƙar ba ce, guntu aka yanko, daidai inda kake cewa, “Tanko, tashi da ita,” sai gwangwanin nan ya ɗauka. Mai gadin ya nuna mini. Samari da 'yan mata a bidiyo, wasu a Kano, wasu a Yamai, wasu ma ban san ƙasarsu ba, suna durƙushe, da an kira sunana sai su zabura su hau rawa. Ba wanda ya taɓa ganin garma a cikinsu, daga hannunsu za ka gane.

Wai yanzu Ruwan Shuka ya yi kasuwa. An ɗora shi gaba ɗaya a intanet, an shafa wa hotonka kala har ka fi kyau da yadda Allah ya yi ka. Sun ce waɗanda suka saurara sun ninka duk kaset ɗin da aka buga, ninkin da ba a lissafawa. Ana sa shi a biki, ana sa shi a shagon aski. Rannan 'yar kafil ɗina ta kunna shi a bayan mota tana gyaɗa kai, ta ce, “Hajji, yalla, ƙara sauti, wannan na ƙasarku ne.” Na ƙara. Me zan ce mata? Ban san wa ke cin amfanin abin ba, ban kuma tambaya ba. Iyalinka su bi wannan in suna so. Ni ba shi ya hana ni sukuni ba.

Kuskuren da na yi shi ne na buɗe baki na ce ni ne Tankon. Yanzu ba mai kirana da sunana a wurin shayi, sai Baba Tashi-da-ita. Awudu, wani ɗan zangon Kumasi mai gadi a kamfanin gine-gine, ya riƙe hannuna yana jujjuyawa ya ce, “Baba, wannan hannun ne? Wallahi kana buga shi daidai kamar inji.” Yabo yake yi, bawan Allah. Na ce masa ai injin ne. Na yi musu bayanin take, na yi musu bayanin Jatau, na buga musu a kan tebur har shayi ya zube. Suka saurara don ladabi. Sai wani ɗan Gusau ya ce, “Baba, ka yi haƙuri fa, amma da gangarka aka bari, da waƙar ba ta zo Doha ba.”

Wataƙila gaskiyarsa. Ban yarda ba, amma wataƙila. To sai me? Jikokina a gida suna nuna wa abokansu bidiyon suna cewa kakansu ne ke kiɗan. Duniya ta san sunana a kan abin da ban buga ba, abin da na buga kuwa ba wanda ya taɓa ji sai mu da muke ɗakin soso.

Na gaji, ɗan Gwaggo. Ba irin gajiyar gona ba, wadda tuwo da barci ke warkarwa.

Zuwana hutu na ƙarshe na same ka a kan tabarma a inuwar darbejiyar gidanka, ɓarin jikinka na dama ya shanye, baki ya karkace. Muryar da ake ji daga gona uku ta koma gurnani. Na yi niyyar in gaishe ka kawai in tashi. Amma da na zauna, na ga ba kowa kusa, sai na sake tambayarka. Ban ji kunya ba, don na ga alamar ba za mu sake haɗuwa ba. Ka daɗe kana kallona. Sannan ka miƙo hannun hagu, mai lafiyar, ka ɗora a gwiwata ka fara bugawa da yatsu. Taken Jatau. Ba ka kuskure ko ɗaya ba, har ɗan jinkirin nan da nake yi kafin bugun ƙarshe. Ka yi na Bawa. Ka yi na Mati. Ka bi su ɗaya bayan ɗaya yadda suke jere a kaset, yawu na zuba a gefen bakinka, ina goge maka da hannun rigata. Shekara da shekaru ina tsammanin waƙarka kawai kake ji in muna aiki, ni ina baya kamar jakin kaya. Ashe kana jina.

Ban taɓa gaya wa kowa wannan ba. Na yi kuka a motar da ta mayar da ni Kano, na ce wa na kusa da ni mura ce.

Amma ka sani, wannan ba amsa ba ce. Haƙuri kake ba ni? Ko cewa kake ba ka sani ba aka yi? Ko nufinka na ainihin yana nan a wani wuri, in je in nema? Kullum in na tsaya a danja sai in juya abin, kowace rana da fassarar da nake ba shi. Ko a gadon ciwo sai da ka san yadda ka zille mini, halinka dai.

Abin da ya sa na rubuto yanzu shi ne wannan. Hannuwana sun fara tafiya. Wani likita ɗan Zariya da ke aiki a Ain Khalid ya duba ni, mutumin kirki, ya ce gaɓoɓin yatsun sun cinye, sanyin mota kuma yana ƙara musu. Da safe sai na jiƙa su a ruwan ɗumi kafin su kama sitiyari. Kafil ma ya ce in wannan iƙamar, wato takardar zamana, ta ƙare, khalas, shi ke nan, in koma gida in huta. Gidan da zan koma ba a gayya, feshi ake yi. Jatau ya rasu, Mati ya rasu, 'ya'yansu suna acaɓa a birni. Gangar da na rataye a ɗakin Inna gara ta cinye kangon tun tuni.

Makon jiya ina jiran yara a ƙofar makaranta, na ce bari in bi takunan nan a kan sitiyari yadda ka bi su a gwiwata. Na yi na Jatau lafiya. Na zo na Bawa na Kwari, na fara, na kai inda yake yi kamar zai faɗi, sai na tsaya. Ban san ta inda yake miƙewa ba. Na sake daga farko, na sake, har mai gadin makarantar ya leƙo ya ga ko lafiya. Taken ya tafi, Isiya. Bawa ya yi shekara hamsin yana sunkuya wa kiɗan nan, ubansa ma haka, kuma a duniya ba wanda ya rage da shi sai ni, ni ma ga shi ya zube mini a bakin titi a ƙasar da ba a shuka gero. Gobe ban san na wa zai bi shi ba.

Wuri ɗaya ya rage da suke cike ba giɓi: abin da aka ɗauka a kwana biyun nan, kafin a sa hannu a ciki. In yana nan.

Allah ya jiƙanka, ɗan Gwaggo. Allah ya yafe maka abin da na sani da wanda ban sani ba, ya haskaka kabarinka, ya sa waƙar da ka yi wa masu ciyar da mutane ta zama nauyi a mizaninka. Allah ya jiƙan Gwaggo Hajo da Inna, da Jatau da Bawa da Mati da duk wanda ka taɓa kira na amsa. Haƙƙina da ke kanka na bar maka, kada ya tsare ka a ko'ina. Tambayar ce ban bari ba.

Kai ka tafi da taka amsar. Amma Nasiru yana raye, an ce mini an gan shi ya yi ƙiba yana sayar da wayoyi. Wanda ya ɗora kaset ɗin a intanet yana raye, kuma daga wani wuri ya samo shi. Waɗanda suka yi aiki a situdiyon nan ba duka suka mutu ba, na kuma san cikin masu karanta wannan akwai wanda ya san wani da ya san su. Ba na neman kuɗi, ba na neman a sa hotona. Ba na son a rubuto mini “Allah ya ba da haƙuri, Baba,” na sha wannan har ya ishe ni. A gaya mini wanda ya ce a cire, a gaya mini ko kana wurin. In na ainihin yana nan, a cikin kwali ne ko a cikin kwamfuta, a turo mini in ji tun ina iya gane abin da nake ji. In an goge shi, wanda ya goge ya buɗe baki ya ce ya goge, in san na daina jira.

Ni ne taubashinka,
Tanko mai ganga, Mu'aizir, Doha.

Wayata tana kunne. Wani ya amsa mini.